Yadda malami zai shirya wa ƙarin girma: cancanta, takardu da daɗewa a aiki

Malamai da yawa sun ɗauka daɗewa a aji ita kaɗai ke kawo ƙarin girma. A tsare-tsare da dama, daɗewa ita ce abu na ƙarshe da ake dubawa. Sai an tabbatar malami ya cancanci shiga zagayen ƙarin girma, an ga takardunsa sun kai ga matakin da yake nema, sannan a duba wa ya riga wa. Shawarar da UNESCO da ILO, hukumomin ilimi da ƙwadago na Majalisar Ɗinkin Duniya, suka amince da ita a 1966 kan matsayin malamai ta nemi a gina ƙarin girma a kan auna cancantar malami da ma'aunin sana'a zalla, wanda aka tsara tare da ƙungiyoyin malamai.

Fara da cancanta. Shin an tabbatar maka da aikinka a rubuce? Wanda bai fita lokacin gwaji ba, ko yake aikin wucin gadi, galibi ba ya shiga lissafi. Sai shekarun da doka ta ce a yi a mataki guda. A ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayyar Najeriya, misali, shekara 2 ne ga mataki na 06 zuwa ƙasa, shekara 3 daga 07 zuwa 14, shekara 4 daga 15 zuwa 17. Ana ƙirgawa ne daga ranar da ƙarin girmanka na baya ya fara aiki, ba ranar da takardar ta iso hannunka ba. Idan akwai tuhuma a kanka da ba a kammala ba, akan jingine sunanka har a gama, don haka ka bi sawu a rufe maganar a rubuce.

Wajen takardu ne aka fi yin asara. A Najeriya NCE ce mafi ƙarancin shaidar koyarwa, kuma doka ta 1993 da ta kafa TRCN, hukumar rijistar malamai, ta wajabta rijista. Mai digirin da ba na ilimi ba yana buƙatar PGDE, wato difloma a fannin ilimi da ake yi bayan digiri. Abu uku ke kashe takarda mai kyau. Na farko ranar da ke jikinta: idan sakamakon ya fito bayan ranar da aka rufe zagayen, sai dai zagaye na gaba. Na biyu tafiya karatu ba da izinin hukuma ba. Malami ya sha wahalar shekaru, ya dawo a ƙi amsar takardar, kuma wannan abin takaici ne da takardar izini guda za ta hana. Na uku saɓanin suna ko ranar haihuwa tsakanin takardu. Harafi ɗaya ya isa ya tsayar da fayil. A gyara shi da takardar rantsuwa tun kafin ranar tantancewa.

Ita kuwa daɗewa, akan fara ne da ranar hawa matakin da ake kai yanzu. Ɗauki malamai biyu: ɗaya ya kama aiki da shekara 2 kafin ɗayan, amma na bayan ya riga shi hawa wannan mataki. A irin wannan tsari na bayan ne gaba. Sai ranakun sun zo ɗaya ake komawa matakin baya, sannan ranar kama aiki. Hutun da ba albashi, da katsewar aiki, da canjin wurin aiki daga wata hukuma zuwa wata bisa roƙon malami, duk suna iya rage lissafin, gwargwadon dokar wurin.

Ka kuma san irin nauyin da dokarku ta ba daɗewa. Kotunan Indiya sun bambanta tsari biyu: a ɗaya, wanda ya fi daɗewa ne ke samu muddin ya kai mafi ƙarancin ƙwarewa, a ɗayan, ƙwarewa ce gaba, daɗewa sai an yi kunnen doki. A tsari na biyu, rahoton ƙwazo na shekara-shekara da jarrabawa su ne abin riƙo. Kada ka sa hannu a rahoton da ba ka karanta ba, kuma ka tabbatar na kowace shekara yana cikin fayil.

Ka buɗe fayil naka na kanka: takardar ɗauka aiki, ta kama aiki, ta tabbatarwa, ta kowane ƙarin girma, izinin karatu, da lasisin koyarwa da wa'adinsa bai ƙare ba. Ofis na iya ɓatar da nasa.

Da zarar an liƙa jerin sunayen waɗanda za a duba don ƙarin girma, duba ranakunka ɗaya bayan ɗaya. In ka ga kuskure, rubuta koke ta hannun shugaban makarantarku cikin wa'adin da aka bayar, haɗa kwafin hujjojinka, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Idan takardar ƙarin girman ta fito, duba ranaku biyu, domin ranar da matsayin ya fara da ranar da kuɗin zai fara shiga kan bambanta. Ta farkon ce za a ƙirga maka a zagaye mai zuwa.