Yadda ake ɗaukar rahoton talabijin da waɗanda suka tsere wa yaƙin Sudan

Tun da faɗa ya ɓarke a Khartoum ranar 15 ga Afrilun 2023 tsakanin sojojin Sudan ƙarƙashin Janar Burhan da dakarun kai ɗaukin gaggawa na RSF, yawancin masu ba da shaida a sansanonin gudun hijira ake samunsu, irin na Adre da ke gabashin Chadi. Mutane ne da ba su gama fita daga firgici ba, kuma kyamara na iya maido musu da shi.

Kafin ka kunna ta, zauna ka faɗi tashar da za ta nuna hirar, ka kuma gaya wa wanda za ka yi hirar da shi cewa za ta shiga intanet, inda waɗanda ya guje wa za su iya gani. Idan ya amince, fara da yadda rayuwarsa take kafin yaƙi, ka bar shi ya kai kansa ga ranar da abin ya same shi. Kada ka tambayi uwa yaya ta ji da aka kashe ɗanta. In murya ta fara rawa ko ido ya ƙafe wuri guda, dakata, a ba shi ruwa. Minti 20 ya isa. Wadda aka yi wa fyaɗe, mace ce za ta yi hira da ita, tafinta ma mace, a keɓe.

Dusashe fuska kaɗai ba ya ɓoye mutum: mayafi da murya da lambar tanti duk suna tona asiri. Zaunar da mai ba da shaidar haske na bayanta, a sauya muryar wajen tacewa, a cire sunan unguwa.

Kan tsadar rayuwa, a ɗauki farashin mudun dawa a kasuwa ɗaya, a rana biyu daban, a ambaci ranakun. In za a faɗi canjin fam na Sudan, a bayyana na banki ne ko na bayan fage, domin tazararsu babba ce.

A rubutun labari kada a kira kowa mahaukaci. A faɗi abin da ake gani: rashin barci, razana, yawan kuka. Wanda ya kashe kansa kuwa, ba a bayyana hanyar da ya bi.

Mai tace bidiyon gawarwaki ya kashe sauti, ya rage girman hoton, ya riƙa tashi yana hutawa, kuma kada a bar wa mutum ɗaya aikin kullum.