Daga lilon ɗakin gwaji zuwa molekul mai tsananin sanyi: kurakuran da aka fi yi da yadda ake gyara su

A garin Boulder na jihar Kolorado a Amurka akwai cibiyar bincike mai suna JILA, wadda Jami'ar Kolorado da hukumar ma'aunai ta ƙasar, NIST, ke gudanarwa tare. A nan ne ranar 5 ga Yuni, 1995, Eric Cornell da Carl Wieman suka sanyaya atom kusan 2,000 na sinadarin rubidiyam har zafinsu ya sauko zuwa nanokelbin 170, wato dab da ƙarshen sanyi, suka dunƙule suka zama tamkar abu guda, kamar yadda lissafin Bose da Einstein ya nuna shekara 70 kafin nan. Aikin ya ba su kyautar Nobel ta 2001 tare da Wolfgang Ketterle na jami'ar fasaha ta MIT.

Abin da ya biyo baya shi ya fi jan hankalina. Wieman ya karkata ga binciken yadda ake koyar da kimiyya, kuma ya sha faɗin dalilinsa: ɗalibai na zuwa ɗakin bincikensa da sakamako mai kyau amma ba su san ta inda ake kama bincike ba, sai sun yi shekara biyu ko uku a cikin aikin hannunsu ke faɗawa. Heather Lewandowski, wadda ta gama digirinta na dakta a ƙarƙashin Cornell a 2002, ta raba aikinta gida biyu: binciken molekul (wato atom biyu ko fiye a haɗe) masu sanyi, da binciken abin da ɗalibai ke koya a ɗakin gwaji. Ruwa ba ya tsami banza. Kurakuran da ke tare wa mutum hanya a babban ɗakin bincike, galibinsu a ɗakin gwajin aji ɗaya ake shuka su.

Na farko a fahimtar kalmar sanyi yake. Da yawa in sun ji ta, firji ke faɗo musu a rai. A fiziks zafi motsi ne: atom ɗin rubidiyam a zafin ɗaki yana gudun kusan mita 300 a daƙiƙa, sanyaya shi kuwa rage masa gudu ne. Ƙarshen sanyi shi ne digiri 273.15 ƙasa da sifiri a ma'aunin Salshiyas, wato sifirin Kelbin, kuma nanokelbin ɗaya kashi ɗaya ne cikin biliyan na digiri guda sama da wannan iyaka. Da hasken leza ake fara aikin. Kowace ƙwayar haske da atom ɗin ya haɗiya tana rage masa kusan milimita 6 a daƙiƙa, don haka sai ya haɗiya ya fitar kamar sau 50,000 kafin ya lafa. Wannan dabara ce ta ba Steven Chu da Claude Cohen-Tannoudji da William Phillips kyautar Nobel ta 1997. Gyaran kuskuren ba wuya: ka ɗauki biro ka raba mita 300 da milimita 6 da hannunka. Lambar da ka fitar da kanka ba ta ɓace maka.

Daga nan kuskure na biyu ke fitowa, kuma ya fi na farko zurfi: zaton abin da ya yi aiki a kan atom zai yi a kan molekul. Atom ɗin rubidiyam in ya haɗiyi hasken mai tsawon zango nanomita 780, ya fitar, yana komawa inda ya taso, a sake bugunsa. Molekul kuwa atom biyu ne ko fiye a haɗe, yana juyawa, yana kuma makyarkyata tsakanin atom ɗinsa. Bayan ya haɗiyi ƙwayar haske 'yan kaɗan sai ya faɗa wani yanayin juyi ko makyarkyata da lezar ba ta ganinsa, shi ke nan ya kuɓuce, ga shi ana bukatar dubban bugu.

Hanya uku masana suka bi. A 1999, a Nijmegen ta ƙasar Holan, Gerard Meijer da abokan aikinsa sun rage gudun molekul da filin lantarki da ake kunnawa ana kashewa daidai lokacin da ayarin molekul ɗin ke wucewa. Irin wannan na'ura Lewandowski ta yi aiki da ita. A 2008 Deborah Jin da Jun Ye a JILA suka sanyaya fotasiyam da rubidiyam kowanne daban, sa'an nan suka haɗa su biyu-biyu da filin maganaɗisu, suka saukar da su da leza zuwa matakin ƙasa, wato mafi ƙarancin kuzari, suka samu molekul a zafin 'yan ɗaruruwan nanokelbin. A 2010 David DeMille a Jami'ar Yale ya nuna cewa akwai wasu molekul ƙalilan, irin haɗin sitirontiyam da fulorin, da leza ke iya sanyayawa kai tsaye idan aka ƙara wasu lezoji masu dawo da waɗanda suka ɓace. Sai a 2024 ƙungiyar Sebastian Will a Jami'ar Kolombiya ta kai molekul na sodiyam da siziyam ga dunƙulewar Bose da Einstein, shekara 29 bayan Cornell da Wieman. Jin ba ta ga wannan ba, ta rasu a 2016 tana da shekara 47. Saboda haka kafin ka rubuta wa wani farfesa kana neman gurbi, ka san wace hanya cikin ukun ɗakinsa ke bi, da abin da yake nema da molekul ɗin: sirrin haɗuwar sinadarai, ko auna siffar elektiron, ko kwamfutar kwantam. Wasiƙar da ta ce kawai "ina sha'awar sanyi" ba ta nuna ka karanta komai.

Yanzu ga wanda ya fi karya zuciyar sabon shiga. Yana zaton zai wuni yana gano sabon abu, sai ya tarar yawancin kwanakinsa a gyara suke tafiya. Tebur ne babba na ƙarfe cike da madubai da gilasai, wayoyi sun yi masa rumfa. Da safe lezar ta zame daga zangonta don zafin ɗakin ya canja da dare. Wani madubi ya ɗan sunkuya, hasken ba ya shiga zaren gilashi sosai. Akwatin ƙarfen da molekul ke ciki dole a zuƙe iskarsa kusan ƙaf, kuma kafin nan sai an naɗe shi da na'urar ɗumamawa an gasa shi kwanaki don ruwan da ya manne a jikin ƙarfen ya fita. Wanda ya taɓa cikinsa da hannu ba safa, maiƙon yatsansa kaɗai ya isa ya ɓata aikin makonni. Ɗalibin da ya ɗauki wannan a matsayin ɓata lokaci kafin "ainihin binciken" zai gaji da wuri. Gyaran nan shi ne binciken, domin a nan ake sanin na'urar ciki da bai, kuma wanda bai san na'urarsa ba ba zai iya rantsewa a kan lambar da ta ba shi ba.

A gyaran ma akwai kuskure, wanda duk mai gaggawa ke yi: murɗa abu biyu ko uku lokaci guda. Sigina ta ɓace, sai ya taɓa madubi, ya ƙara wuta, ya canja waya. In ta dawo bai san me ya dawo da ita ba, in ba ta dawo ba ya rasa inda ya taso. Ka canja abu ɗaya, ka duba, ka rubuta. Ka raba matsalar biyu: shin hasken ne bai iso ba, ko na'urar da ke ganinsa ce ta mutu? Ka gwada tsakiya, ka sake raba rabin da ya rage. Mai gyaran rediyo a kasuwa haka yake bi da mitarsa, kuma ɗalibin da ya taɓa zama kusa da irin wannan bawan Allah ya riga takwarorinsa da nisa. Littafin rubutu kuwa a lokacin aikin ake cika shi, da kwanan wata da abin da bai yi ba, domin bayan wata shida abin da bai yi ba shi za ka dawo nema.

Maganar ido gajeriya ce amma ba wasa: wasu lezojin ba a ganin haskensu sam, kuma suna ƙona ido kafin a ƙifta. A cire agogo da zobe, a sa tabaran da ya dace da zangon, kada a sunkuya ido ya yi daidai da tebur.

Duk waɗannan halaye, ina ake koyonsu? A nan maganar ta dawo gida. Duk wanda ya yi firaktikal na fiziks a sakandare ko shekarar farko ta jami'a ya san lilon nan, ƙwallon ƙarfe a bakin zare, ana auna lokacin kai da komonsa don a fitar da ƙarfin jan ƙasa. Kuma ya san abin da ake yi in lambar ta ƙi fitowa: a fara daga 9.81, amsar da ke cikin littafi, a yi lissafi da baya, a cika tebur da lambobin da agogo bai taɓa nunawa ba. Na yi hakan ina ɗalibi, na ci maki, kuma har yau abin yana damuna, domin lambar gaskiyar da na goge ita ce kaɗai abin da ya fito daga hannuna a ranar. Daga baya na san cewa ƙarfin jan ƙasa ba ɗaya ba ne ko'ina. Yana raguwa in an kusanci layin ikwaita, wanda ya raba duniya arewa da kudu, kuma a wajajen Kano kusan 9.78 ne. Wanda ya ƙago 9.81 a can ya rubuta amsar wata ƙasa.

Laifin ba na ɗalibi kaɗai ba ne. Malamin da ke ba da maki gwargwadon kusancin amsa da ta littafi shi ya koya masa. Haka kuma takardar gwajin da ta jera mataki 1 zuwa 12, ba ta bar wa ɗalibi shawara ko ɗaya ba. Natasha Holmes da Wieman sun bincika irin waɗannan darussa a jami'o'in Amurka, waɗanda aka tsara don su ƙarfafa abin da aka koyar a lacca, suka tarar ba su ƙara wa ɗalibai wani abin a-zo-a-gani a jarrabawa ba. Ƙungiyar Lewandowski kuma ta ƙirƙiro tambayoyin E-CLASS, masu tambayar ɗalibi abin da shi yake tunani in yana gwaji, da abin da yake ganin masani zai ce. Sakamakon ya nuna cewa bayan darasin gwaji irin na gargajiya, tunanin ɗalibai kan ƙara nisa ne da na masana maimakon ya matso.

Gyaran ba ya bukatar sabon kaya, kuma wannan ne ya sa nake son misalin da Holmes da Wieman da Doug Bonn suka wallafa a 2015. Lilon nan dai. Ka ce wa ɗalibai su kwatanta lokacin lilo in an sake shi daga digiri 10 da kuma daga digiri 20. Littafi ya ce babu bambanci. A zaren mita ɗaya, kai da komo guda kusan daƙiƙa 2 ne, kuma ainihin bambancin kusan kashi ɗaya cikin ɗari na daƙiƙa ne, alhali yatsan mai danna agogo kan yi kuskuren da ya ninka haka sau goma ko ashirin. Awon farko zai ce iri ɗaya ne. Kada ka sallame su a nan. Ka tambaye su yadda za su rage shakkar awonsu, ka yi shiru. Wani zai ce a ƙirga lilo 20 a raba, wani ya ce 50. Suna yin haka bambancin zai fito fili, kuma za ka ga wasu sun fara neman inda suka yi kuskure, don ba su yarda awonsu zai iya saɓa wa littafi ba. A wannan lokacin ne za ka nuna musu cewa lissafin littafin an gina shi ne a kan zaton kusurwar ƙarama ce. Su ne suka yi daidai.

Ka kuma hana su rubuta "kuskuren ɗan'adam" a ƙarshen rahoto. Wane kuskure? Nawa ne girmansa? Ya ƙara lambar ne ko ya rage ta? In zaren ne aka auna zuwa saman ƙwallon maimakon tsakiyarsa, a faɗi haka, a lissafa santimita nawa ne, a sake awon. Makin ya tafi ga wannan bayani, ko da amsar ta fito 9.5.

Ga mai shirin bin wannan hanya har ƙarshe, akwai kurakurai biyu da suka rage. A Amurka digirin dakta a fiziks kan ɗauki shekara biyar zuwa shida, yawanci ana biyan ɗalibi alawus, kuma a farkon shekarun sau da yawa aikin da ake biyansa a kai shi ne kula da ɗakin gwajin 'yan aji ɗaya. Da yawa na ɗaukarsa kaya, suna Allah-Allah su sauke. Asara ce. Tsayawa a kan benci goma, kowanne da tasa matsalar, kana gano ta da tambaya ba tare da ka ƙwace wayar daga hannun ɗalibi ba, horo ne da babu lacca mai ba da shi. Bayan daktan akwai wasu shekaru na aiki a ƙarƙashin wani babba kafin mutum ya samu ɗakinsa. Lewandowski a wurin Jun Ye ta yi nata, a nan ta koma kan molekul.

Ɗayan kuma shi ne naɗe hannu ana jiran ranar da za a ga leza. Mai ɗakin bincike yana son ya ji abin da ka taɓa haɗawa da hannunka ya ƙi aiki, da yadda ka bi ka gano dalili. Ka koyi liƙa waya da dalma. Ka haɗa ƙaramar da'irar lantarki da ke riƙe zafin wani ƙarfe a wuri ɗaya, domin irinta ce ke riƙe leza a zangonta. Ka koyi Python, yaren shirya kwamfuta, ka zana awonka da shi, da sandunan shakka a kan kowane ɗigo. Ka rataya lilo a ƙofar ɗakinka, ka ƙirga 50 daga digiri 10, ka ƙirga 50 daga digiri 20, ka rubuta abin da agogon ya nuna da kwanan watan ranar.