Yadda Ake Binciken Asalin Wata Doka ta Ɗabi'a

Kafin ka tambayi kowa komai, tsayar da dokar da kake son bincike a kanta cikin jimla guda: wa aka hana, me aka hana shi, kuma a gaban wa. "Girmama na gaba" ta yi faɗi, ba ta da inda za a kama ta. "Uwa ba ta kiran sunan ɗanta na fari" kuwa ta zauna daidai. Haka "ba a shara da dare" da "ba a tauye mudu". Ɗauki ukun tare, domin sai an jera su bambancinsu yake fitowa.

Wurin da aka fi yin ɓarna shi ne kalmar tambaya. Hausa ta raba laifi da zunubi da abin kunya da camfi, amma in ka ce "laifi ne?" kusan kowa zai amsa da e a kan dokokin uku, ka tashi a tutar babu. Ce masa: "Wanda ya yi haka, me za a ce ya yi?" Sai ka rubuta kalmar da ta fito daga bakinsa, kada ka gyara. Wanda ya ce "rashin kunya" da wanda ya ce "zalunci" ba abu ɗaya suke nufi ba.

Mutum goma sha biyu sun isa a fara, maza da mata, dattawa da matasa, kowa shi kaɗai, kamar minti goma sha biyar. Amarya ba za ta faɗi ra'ayinta a gaban surukarta ba.

Tambayoyin da za ka yi sun samo asali daga aikin Elliot Turiel, masanin halayyar ɗan Adam na Amurka, wanda tun shekarun 1970 yake gwada yara ƙanana don ganin ko suna raba dokar ɗabi'a da dokar al'ada. Ta farko: in manyan gari sun taru sun ce an daina, shin har yanzu ba daidai ba ne? Ta biyu: in a wata ƙasa ba su san da dokar ba, su ma sun yi kuskure? Ta uku: wa ake cuta? Dokar da ta faɗi da zarar manya sun janye hannu, ta kuma tsaya a iyakar gari, al'ada ce ke riƙe da ita. Tauye mudu yakan tsallake duka ukun, domin mai saye ya biya kuɗin abin da bai samu ba ko a ina yake. Shara da dare takan faɗi tun a ta farko. Kunyar ɗan fari ce mai wuya, kuma a nan ne za ka ga tsoho da saurayi sun rabu.

Kada ka ɗauki gwajin nan kamar sikeli. Richard Shweder, masanin al'adun ɗan Adam na Amurka, da abokan aikinsa sun yi irin wannan bincike a Bhubaneswar ta Indiya a shekarun 1980, suka tarar mutane suna ɗaukar dokokin abinci da na zaman takaba a matsayin gaskiyar da ta hau kan kowa, ko da babu wanda za a nuna a ce an cuce shi. Saboda haka in mutum ya ce babu wanda aka cuta amma duk da haka mummuna ne, kada ka rubuta cewa ya ruɗe. Tambaye shi me ya ɓaci: mutunci ne, ko tsarki, ko zumunci.

Idan dokar tana da tushe a addini, tambayar farko ba ta aiki a yadda take, kuma tana iya ɓata hira. Malaman Musulunci sun daɗe da wannan muhawara: Mu'utazilawa sun ce hankali yana iya gane kyakkyawa da mummuna da kansa, Ash'arawa suka ce shari'a ce ke tabbatar da su. Ba kai za ka raba wannan gardama a zaure ba. Tambayi abin da ya fi sauƙi: "Ban da hanin, akwai wata illa da ake gani?" Ka kuma lura da inda aka lulluɓe al'ada da rigar addini, nemi malami ya tantance maka, domin a fiƙihun Malikiyya al'ada tana da gurbinta, amma ba nassi ba ce.

Daga nan sai neman aikin da dokar take yi wa jama'a. Herodotus, marubucin tarihi na tsohuwar Girka, ya ba da labarin Sarki Dariyus na Farisa, wanda ya tambayi Girkawa nawa za a ba su su ci gawar ubanninsu, ya kuma tambayi wata ƙabilar Indiya mai cin gawar iyaye nawa za a ba su su ƙone ta kamar Girkawa. Kowane ɓangare ya ƙi da ƙyama. Ayyukan sun saɓa, amma kowa girmama mahaifi yake yi. To, ga kowace doka, rubuta abin da take karewa, wanda yake cin riba, da wanda yake ɗaukar nauyinta. Wannan na ƙarshe ake yawan mantawa da shi, don galibi shi ne wanda ba a tambaya.

Wajen rubuta sakamako, raba shafi biyu. A hagu ka sa abin da ka gano: wa ya ce me, daga ina dokar ta fito. A dama ka sa hukuncinka da hujjarsa. David Hume, masanin falsafa na Scotland, ya yi gargaɗi tun 1740 cewa marubuta kan zame daga "haka abin yake" zuwa "haka ya kamata" ba tare da sun nuna gadar da suka bi ba. Gano cewa doka ta fito daga al'ada bai rushe ta ba, daɗewarta kuma bai wanke ta ba. Duk jimlar hagu da ka ga "ya kamata" ko "bai dace ba" a cikinta, in ba daga bakin wanda ka tambaya ta fito ba, mayar da ita dama.