Yadda Ake Kallon Fim ɗin Ban Tsoro na Tamil a Gane Fatalwa, a Gane Amman

Wani dare muna kallon fim ɗin Tamil da ƙanwata a kwamfuta, an zo dab da ƙarshe. Ga wata mata a allo, gashi a barbaje, ido jawur, harshe waje, tana jijjiga kamar za ta karye. Ƙanwata ta damƙe mini hannu ta ce, "Yaya, aljanar ta sake hawanta!" Na tsayar da fim ɗin na ce ta dubi hannun matar. Damin ganyen darbejiya ne a ciki, fuskarta kuma shafe da kurkur. Na ce mata, a lissafin masu fim ɗin, ceto ne ya iso yanzu. Ta jima tana kallon hoton, sannan ta ce, "To Yaya, ta yaya mutum zai bambance?" Amsar da na ba ta a daren ce na faɗaɗa a nan. Duk abin da zan bayyana imanin mabiya addinin Hindu na jihar Tamil Nadu ne, a kudancin Indiya, yadda su suke ganinsa. Ni nawa kallo ne da son fahimta.

Ka fara da sanin Amman, don ita ce ginshiƙin komai. Kalmar na nufin uwa, kuma da ita suke kiran abar bautar da kusan kowane ƙauye ke da tasa. Wadda ta fi suna ita ce Mariamman, da suke danganta ta da ruwan sama da kuma cutar agana da ƙarambau. A al'adarsu, idan ƙuraje suka feso wa yaro, cewa ake Amman ta sauka a jikinsa. Sai a rataya ganyen darbejiya a ƙofa, a shimfiɗa masa shi ya kwanta, a rage hayaniya a gidan. Ka lura da wannan da kyau: hannun da ke kawo cuta, shi ne a wurinsu ke kawo waraka. Uwa ce mai zafi. Shi ya sa idan ta bayyana a fim ba ta zuwa da murmushi. Tana zuwa da mashi mai baki uku, da sarƙar lemon tsami a wuya, da ido kamar garwashi, har ta fi fatalwar ban tsoro.

Yanzu ga gwajin da na koya wa ƙanwata. Idan abu ya hau mutum a fim, kada ka tsaya kan ihu da juya ido, duka biyun suna yi. Dubi launi tukuna. Fatalwa, wadda suke kira pey ko aavi, fararen kaya ne nata ko baƙaƙe, fuska fari fat kamar toka, haske shuɗi ko kore. Amman rawaya da ja ne nata: kurkur a fuska, babban jan ɗigo a goshi, zane ja ko rawaya. Daga nan dubi wurin. Fatalwa tana kama mutum shi kaɗai, a ɗakin da aka kulle shekara da shekaru, ko bakin rijiya, ko gaban madubi. Amman tana sauka a tsakiyar jama'a, a filin wurin bauta, ana kiɗa. Abu na ƙarshe, kuma shi ya fi saurin warware ruɗani, dubi mutanen da ke kewaye. In suna ja da baya suna gudu, fatalwa ce. In suna haɗa tafukan hannu, suna tambayar matar abin da ya shige musu duhu, to wannan shi suke kira saami aattam, rawar wanda abin bauta ya hau, kuma maganar da ta fito daga bakinta hukunci ce a cikin labarin.

Ka sa abin kunne idan kana da shi, don kunne yakan riga ido sani. Ƙarar ƙananan ƙararrawar ƙafa irin ta 'yan rawa a cikin dare, ko muryar mace tana rera waƙa can nesa, fatalwa ke tafe. Amma da ka ji udukkai, wata 'yar ganga mai tsukakken ƙugu kamar kalangu, ta fara bugu da sauri, mata na rangaɗa guɗa, ƙararrawar wurin bauta na kaɗawa, to labari ya juya. Waƙar Amman da ke zuwa a nan kada ka tsallake ta. Na san da yawa muna danna gaba in waƙa ta zo, amma wannan cikinta ake yanke shari'ar. Mawaƙiya L. R. Eswari ta yi suna da irin waɗannan waƙoƙi, har yau muryarta ake sakewa a lasifika lokacin bukukuwan Amman, kuma salon da masu kiɗan fim ke bi ke nan.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina, wanda kuma nake so ka riƙe, shi ne tambayar nan: wa ya zalunci fatalwar? A yawancin waɗannan fina-finai rabin farko tsoro ne da barkwanci. Bayan hutun tsakiya sai a koma baya a nuna maka yadda ta mutu, nan take tausayinka ya bar masu gidan ya koma kanta. An ƙwace mata fili, ko an yi mata ƙazafi, ko an kashe ta an binne a ɓoye. Bos na gaskiya mutum ne mai rai, yawanci mai kuɗi ko ɗan siyasa. Wannan tunani ya girmi sinima nesa ba kusa ba. A tsohuwar waƙar Tamil mai suna Silappatikaram akwai Kannagi, wadda sarkin Madurai ya sa aka kashe mijinta bisa zargin satar munduwar ƙafar sarauniya. Ta je fada ta fasa tata munduwar, ta tabbatar ƙarya aka yi masa, fushinta ya ƙone birnin, daga baya aka mai da ita abar bauta. A ƙauyuka da dama ma akwai ƙananan wuraren bauta da asalinsu mace ce da ta yi mutuwar zalunci. Ka ga ke nan tsakanin fatalwa da Amman ba wata doguwar tazara. Dukansu mata ne masu fushi, ɗaya ba ta da izini, ɗaya ita ke ba da izinin.

Fim ɗin da ya fi nuna wannan ƙarara shi ne Kanchana na 2011, wanda Raghava Lawrence ya ba da umarni kuma ya fito a jarumi. Matsoraci ne na ƙin ƙarawa. Ya je wasan kurket a wani fili, ya dawo gida da sandunan wasan da suka taɓa jinin da ke binne a ƙasa. Uwarsa da matar wansa suka nemi shawarar mai kula da wurin bauta, ya ba su gwaji uku. Ka kalli wurin nan a nutse. An ɗora kwakwa a kan zanen da suke yi a ƙasa, ta kama juyawa da kanta. An shigo da saniya aka ajiye mata abinci, ta ƙi ci ta fice a guje. An kunna fitila aka ɗiga jini, fatalwar ta fito ta lashe. Kayan ibadarsu na yau da kullum ne suka zama ma'auni, kuma duk ɗan Tamil da ke kallo ya san darajar kowanne. Abin lura, wanda ya iya fitar da fatalwar daga jikin jarumin malami ne Musulmi, don fina-finan Tamil sukan kai mai matsala duk inda ake sa ran taimako.

Sai aka ba da labarinta. Sarath Kumar ne ya fito a Kanchana, wadda aka haifa namiji ta rayu a matsayin mace, iyayenta suka kore ta, wani Musulmi ya riƙe ta. Ta tara kuɗi ta sayi fili don a gina asibitin talakawa, wani ɗan majalisa ya ƙwace, ya kashe ta da mai riƙon nata da ɗansa. A ƙarshe bos ɗin ya gudu ya ɓuya a wurin bautar Narasimha, don ya san ƙa'ida: fatalwa ba ta tsallaka dokin ƙofar wurin bauta. A nan nake so ka tsayar da fim ka dubi ƙofar. Kanchana ta tsaya a waje ta kai ƙara, tana tambayar yadda za a ba azzalumi mafaka a hana wadda aka zalunta shiga. Aka ba ta hanya. Zaɓen Narasimha kuma ba a banza aka yi shi ba. A labarinsu shi ne mai jikin mutum da kan zaki, wanda ya kashe wani azzalumin sarki da ya samu alkawarin ba za a kashe shi a ciki ko a waje ba, ba da rana ko da dare ba. Sai ya kashe shi a kan dokin ƙofa, da almuru. Wanda bai san wannan ba zai ga faɗa kawai. Ni kuwa duk lokacin da na zo wurin nan sai tsigar jikina ta tashi.

Ka riƙa sauraron ranar da ake ambata, don agogon labarin ke nan. Amavasai daren da wata ya ɓace ne, lokacin da matsafi ke da ƙarfi. Aadi wata ne daga tsakiyar Yuli zuwa tsakiyar Agusta, watan Amman, inda ake dama kunun tamba a raba, ana ɗaukar tukunyar wuta a hannu, ana taka garwashi. Durgashtami rana ta takwas ce a bikin Navaratri mai dare tara, na abar bauta Durga da ta kashe aljani mai siffar ɓauna. A kan wannan rana aka ɗaure ƙarshen Chandramukhi na 2005, fim ɗin P. Vasu da Rajinikanth da Jyothika, wanda ya yi kwana 890 ana nuna shi a sinimar Shanti da ke Chennai. Labarin 'yar rawa ce da wani sarki ya sare kan masoyinta ya ƙone ta da rai, daga baya wata matar gida ta koma tana ɗaukar kanta ita ce 'yar rawar. Abin da nake so a fim ɗin, likitan ƙwaƙwalwa ya ce ciwo ne a kan matar gidan, mai tsubbu ya ce kurwa ce, kuma su biyun suka haɗa hannu a dabara guda: aka bar ta ta ƙone mutum-mutumin sarkin tana zaton shi ne. Asalin labarin daga fim ɗin harshen Malayalam ne na 1993, Manichitrathazhu.

Game da jeri, shawarata ka fara da fim ɗin Amman, wanda asalinsa fim ɗin harshen Telugu ne na 1995 mai suna Ammoru na Kodi Ramakrishna, aka juya shi zuwa Tamil. Marainiya ce dangin miji ke gallaza wa tare da wani matsafi, abar bautar ta shigo gidan a siffar 'yar ƙaramar yarinya mai aiki. Duk ƙa'idojin da na lissafa suna ciki a fili. Daga shi sai Chandramukhi, sai Kanchana, sannan jerin Aranmanai, wato fada, na Sundar C, da ya fara a 2014 har ya kai na huɗu a 2024. Na biyun, na 2016, ya rufe da waƙa a gaban wani ƙaton mutum-mutumin Amman, kuma nan za ka gwada idonka da kunnenka.

Gaskiya sai na faɗa: ci-gaban waɗannan jeri da yawa maimaici ne, barkwancinsu yakan wuce gona da iri, akwai kuma rawa da shigar da ba za ka so yara su gani ba, ga jini a ƙarshe. Ka duba kai kaɗai kafin ka tara iyali. Ka kuma nemi kwafin da aka bar muryar Tamil aka sa fassara a rubuce a ƙasa. Idan aka sauya murya zuwa wani harshe, pey da aavi da saami duk sukan koma kalma ɗaya, waƙar Amman kuma ita ake fara yankewa don rage tsawon fim.