An sallame ka, an sake ɗaukarka, amma takardar tabbatarwa ta ƙi fitowa

Wata takwas na yi ina shiga aji biyar da alli a hannu bayan an sake kirana aiki, ba albashi, ba takardar tabbatarwa. Duk ofishin da na leƙa sai a ce: "Malam, ka ƙara haƙuri, fayil ɗinka na sama." Haƙurin nan ne ya kusa kai ni ƙasa, shi ya sa nake rubuta wa 'yan'uwana malamai wannan.

Fara da tattara takardu: ta ɗaukar farko, ta sallama, ta sake kira, shaidar NCE (takardar kammala kwalejin ilimi), rajistar TRCN (hukumar rajistar malamai), da hoton shafukan littafin da kake sa hannu kullum da safe. Wannan littafin shi ne shaidarka cewa ka yi aikin. Ni hedimasta ne ya ba ni dama na ɗauke shi da waya, Allah Ya saka masa.

Daga nan sai ka rubuta koke zuwa hukumar da ke da ikon tabbatar da kai, ta hannun shugaban makarantarka. Ka yi kwafi biyu, a buga maka hatimi da kwanan wata a naka. Kada ka baro wurin ba hatimin nan, ko da za ka wuni a kan benci. Alkawarin baka ba ya zuwa gaban alƙali. Ka kai wa reshen ƙungiyar malamai ta NUT na ƙaramar hukumarku kwafi.

In shiru ya yi yawa, akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975. Kyauta take aiki, sai dai ba ta cika karɓar maganar da ta haura wata 12 ba, kuma ba ta taɓa wadda ke gaban kotu.

Kotun da ke da hurumi ita ce Kotun Ma'aikata ta Ƙasa. Sashe na 254C na tsarin mulkin Najeriya ya ba ta shari'ar aiki ita kaɗai, don haka kada ka ɓata kuɗin mota zuwa wata kotun. A nan ne nake so ka buɗe kunne: akwai dokar kare jami'an gwamnati mai cewa a shigar da ƙara cikin wata uku. Lauyoyi na ta jayayya kan ko ta shafi rikicin aiki, amma me zai kai ka gwada zurfin ruwa da ƙafa biyu? Ka ga lauya tun watan farko, ka tambaye shi ko dokar hukumar taku na buƙatar a aika mata sanarwa kafin ƙara.

Ka kuma san abin da za ka roƙa. Malamin gwamnati da doka ta tsara aikinsa kotu na iya mayar da shi kujerarsa har da bashin albashi. Na makarantar kuɗi kuwa galibi diyya kawai yake samu. Ni dai ban kai gaban alƙali ba. Mako uku bayan wasiƙar lauyana, wadda ya liƙa wa kwafin nan mai hatimi, aka kira ni in zo in karɓi takardata.