Kurakuran da muke tafkawa a teburin ciniki da Sinawa

Ɗan kasuwar da ya goge a Kantin Kwari ba ya shakkar ciniki da kowa. Ya iya tayi, ya san lokacin da ake cewa albarka, ya san sa'ad da zai miƙe kamar zai tafi don a kira shi a sallama masa. Sai ya sauka a Guangzhou ko Yiwu, biranen kasuwanci na ƙasar Sin, a tarbe shi da mota, a kai shi cin abinci, ya zabtare kashi goma daga farashi, ya dawo Kano yana cewa ya murɗe su. Bayan wata uku kwantena ta iso, ya kwance dila ya ga yadi shara-shara, ba irin wanda ya taɓa da hannunsa ba. Irin abin da ke samun jakadu da ministoci ke nan, sai dai kuɗin da ke kan teburinsu ya fi yawa.

Matsa farashi har ƙasa shi ne kuskuren da ya fi cin mutanenmu. A kasuwar gida kayan suna gabanka, ka gani ka taɓa, duk ragin da aka yi maka daga ribar mai shago yake fita. A masana'anta kuwa ba a ma saƙa kayan ba tukuna, don haka ragin daga jikin kayan zai fita. Mai masana'anta ba kasafai zai ce maka farashin bai yi ba. Zai karɓa, sannan ya rage kaurin zare, ya sauya rini, ya sa zif mai araha, ya rage ƙarfin kwali. Su ma suna da nasu karin maganar, yi fen qian yi fen huo, wato gwargwadon kuɗinka gwargwadon kayanka, kamar yadda muke cewa araha ba ta ado. Gyaran shi ne a juya tsarin. A fara gama maganar kayan: giram nawa ne nauyin yadin a kowace murabba'in mita, faɗinsa nawa, yadi nawa ne a bandir, guda nawa ne a kwali. A yanki samfur biyu, kowa ya sa hannu a jiki, ka riƙe ɗaya su riƙe ɗaya. Bayan nan ne ake maganar kuɗi. Abin da aka saba shi ne a ba da kashi 30 kafin alƙalami, a cika 70 kafin lodi, kuma wannan 70 ɗin shi ne kaɗai sandar da ke hannunka. Kada ka sake shi sai kai ko wakilinka ya buɗe kwalaye, ba waɗanda aka jera a bakin ƙofa ba, na can tsakiya.

Sai maganar "eh". Za ka ji mei wenti, ba matsala, sau goma a zama ɗaya. Sau da yawa ma'anarsa kawai an ji ka. Idan kuma aka ce za a yi nazari, yanjiu yanjiu, ko aka ce abin "bai cika dacewa ba" a yanzu, to an ƙi ne cikin ladabi. Abin yana ba ni mamaki yadda Bahaushe, wanda ke ƙin tayi da kalmar albarka, wanda ke cewa "sai na yi shawara" alhali ya riga ya yanke hukunci, yake kasa gane irin wannan a bakin wani. Daina tambayar da amsarta eh ce ko a'a. Maimakon "za ku gama kafin azumi?" tambayi ranar da zare zai iso masana'anta, injin nawa za a ware maka, oda nawa ce a gabanka. Wanda ba zai iya ba zai fara kame-kame a nan. Haka in saƙo ya kwana biyu a WeChat, manhajar saƙonsu, ba amsa daga mutumin da ya saba amsawa nan take, akwai labarin da ba ya so ya faɗa.

In kayan suka zo da aibi, mutanenmu sukan hau jirgi da fushi, su shiga ofis suna ɗaga murya gaban ma'aikata. Abin da Sinawa ke kira mianzi ba baƙo ba ne a wurinmu, mutunci ne, kuma mun san cin fuska. Maigidan da aka tsinka gaban yaransa zai gwammace ya rasa ka da ya amsa laifi. A keɓe ake wannan magana, da hotuna da samfurin da ya sa wa hannu, a kuma bar masa ƙofar fita: a ɗora laifin a kan mai kawo rini, a nemi ragi a oda mai zuwa ko a sake saƙa wani ɓangare. Manyan ƙasashe ma haka suke warware irin wannan. A ranar 1 ga Afrilun 2001 jirgin leƙen asirin Amurka ya yi karo da jirgin yaƙin Sin, matuƙin Sin ya mutu, jirgin Amurka ya sauka a tsibirin Hainan. Aka riƙe ma'aikatansa 24 tsawon kwana 11. Beijing ta ce sai an nemi gafara, Washington ta ce ba ta yi laifi ba. Aka ƙare da wasiƙar da jakadan Amurka ya rubuta yana nuna matuƙar takaici har sau biyu, Sin ta karanta wa jama'arta ita a matsayin neman gafara, Amurka ta ce wa nata ba haka ba ne, aka saki mutanen. Amma kada a ɗauka su ba sa ɗaga murya. A taron Amurka da Sin a birnin Anchorage a Maris 2021, Yang Jiechi, babban jami'in diflomasiyyar Sin na lokacin, ya kwashe sama da minti 15 yana caccakar Amurka gaban 'yan jarida. Wannan na masu kallo a gida ne. Wanda ya auna ciniki da abin da aka faɗa gaban kyamara, zagi ne ko yabo, ya auna da mudun da ba na kasuwar ba.

Akwai wani kuskure da ya fi kama masu gwamnati, shi ne raina gabatarwa. Jami'an Sin sun fi son a fara da amincewa kan manyan ƙa'idoji, kalmomi masu faɗi irin su mutunta juna da cin moriyar juna, kafin a shiga filla-filla. Baƙo yakan ɗauka gaisuwa ce, ya sa hannu da sauri don a kai ga "ainihin magana". Daga baya duk abin da ya nema sai a mayar da shi ga wannan shafin farko, a ce buƙatarsa ta saɓa wa ruhin abin da aka amince. Sanarwar Shanghai ta Fabrairun 1972, wadda Amurka da Sin suka fitar a ziyarar shugaban Amurka Nixon, har yau ita Beijing ke ɗagowa duk lokacin da maganar Taiwan ta taso. A batun Hong Kong, da firaministar Birtaniya Margaret Thatcher ta gana da jagoran Sin Deng Xiaoping a Satumbar 1982, ya faɗa mata cewa ikon mallakar yankin ba abin tattaunawa ba ne. Birtaniya ta yi ta ƙoƙarin ta miƙa ikon a suna ta ci gaba da mulki, bai yiwu ba, aka sa hannu a Disambar 1984 bisa ƙa'idar da ya kafa tun farko. Mu ma mun ɗanɗana. Nijar ta amince da Taiwan a 1992, Beijing ta yanke hulɗa, sai a 1996 aka koma. A 2017 Najeriya ta sa ofishin kasuwancin Taiwan ya tashi daga Abuja ya koma Legas. Darasin ga ɗan kasuwa ma ɗaya ne: takardar fahimtar juna da ke cewa "haɗin gwiwa na dogon lokaci" ko "abokin hulɗa tilo", karanta ta kamar yadda za ka karanta farashi, ka kuma saka taka ƙa'idar a ciki, misali cewa inganci ba zai gaza na samfur ba, don kai ma ka samu abin ɗagowa.

Kusa da wannan akwai laƙabin lao pengyou, tsohon aboki. Henry Kissinger, tsohon sakataren harkokin wajen Amurka, ya sha shi tun bayan tafiyarsa ta sirri zuwa Sin a Yulin 1971, har Xi Jinping ya karɓe shi a 2023, lokacin Kissinger yana da shekara 100. Karramawar ta gaske ce, amma tana zuwa da kaya: tsohon aboki ake roƙo ya yi haƙuri da jinkiri, ya fahimci ƙarin farashi. Sanayya, wadda suke kira guanxi, bashi ce mai tafiya da dawowa. In an roƙe ka alfarma ka yi, to ka nemi taka a fili. Ba za a ga baƙinka ba, raina ka za a yi in ba ka nema ba.

Lokaci kuma makami ne. Kada ka faɗi ranar komawarka. Wanda ya san jirginka na Juma'a ne zai zagaya da kai yawon buɗe ido har Alhamis da dare, sannan a fito da maganar da ta fi wuya. Mutanen da suka yi shekara 15 suna tattaunawa kafin su shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya a 2001 ba za su gaji da mako ɗayanka ba. Gwamnan da ke son yanke ƙyalle kafin zaɓe ya riga ya nuna tikitinsa. Sannan ka san nasu lokacin: masana'antu kan rufe makonni saboda bikin sabuwar shekararsu, a ƙarshen Janairu ko cikin Fabrairu, wasu ma'aikatan ba sa dawowa, kayan da aka yi a gurguje gab da hutun su ne suka fi zuwa da aibi. In kayan Sallah kake so, lissafa baya daga nan.

Da wa ma kake magana? Yarinyar da ke jin Turanci a rumfar baje kolin Canton, wanda ake yi a Guangzhou sau biyu a shekara tun 1957, mai talla ce, hukunci na wurin laoban, maigida. Kamfanin da ya nuna maka hoton injuna mai yiwuwa dillali ne, kuma tafintan da ya kai ka yana iya karɓar la'ada ta ɓangare biyu. Nemi lasisin kamfanin, akwai sunansa da rubutun Sinanci da lamba mai alamomi 18, ka tabbatar sunan da ke kan asusun da za ka tura kuɗi shi ne na kan lasisin. A ƙasar Sin jan hatimin kamfani ne ke ɗaure yarjejeniya, sa hannun ɗan talla bai isa ba. Hukuncin kotun Kano kuwa da wuya ya yi aiki a can. In kuɗin masu kauri ne, a rubuta yarjejeniyar har da Sinanci, a ambaci hukumar sasanci irin CIETAC ko ta Hong Kong. A karanta kafin a sa hannu, ba kamar yadda Majalisar Wakilan Najeriya ta tashi da hayaniya a 2020 kan sashen kariyar ƙasa a wata yarjejeniyar bashin Sin ba, bayan an daɗe da sa hannu.

Liyafar dare tana ruɗa Musulmi da yawa. Wasu kan ƙi zuwa gaba ɗaya, alhali a nan ne maigida ke auna ko kai mutumin da za a daɗe da shi ne. Faɗa tun da rana cewa kai Musulmi ne, ba ka shan giya, ba ka cin alade, ka nemi gidan abincin qingzhen, na halal, suna nan birjik a Guangzhou da Yiwu. In an ɗaga kofi ana ganbei, wato a shanye, ɗaga naka na shayi, ka saukar da bakinsa ƙasa da na wanda ya girme ka. In kuma tsaraba za ka kai, kai dabino ko kayan fata na Kano, ban da agogon bango, domin "ba da agogo" a bakinsu sautinsa ɗaya ne da raka gawa.