Shafin titaniyam mai korar ruwa: yadda ake yinsa ya jure ranar Yamai

Wannan shafi ne da ake fesa wa kayan ƙarfe don ruwa ya gangara a kansu ya tafi da ƙura. Kafin a sayi komai, a san cewa hodar titaniyam dayoksaid, wato TiO2, ba ta korar ruwa ita kaɗai. Iri biyu ne aka fi aiki da su: anatas da rutil. Anatas in rana ta buge shi yana rusa maiƙo da dattin da ya manne, kuma ruwa shimfiɗewa yake yi a kansa. Don ruwa ya dunƙule ya gangara da ƙura, sai hodar ta ba fuskar ƙarfen ɗan kaushi, sannan a lulluɓe ƙwayoyinta da silan, wani sinadari mai korar ruwa. Shafi mai kyau yana tsayar da ɗigon ruwa a dunƙule, kusurwar da ke tsakaninsa da fuskar ƙarfen ta wuce digiri 150, ɗigon kuma ya gangara tun karkatar ƙarfen ba ta kai digiri 10 ba.

Matsalar ƙasarmu tana nan: anatas bai san bambancin datti da silan ba, duka yake ci. A ranar Yamai ko Tawa, shafin da aka yi da anatas zalla zai daina korar ruwa da wuri, in kuma a kan fenti ne sai fentin ya soma fari yana fitar da gari. Don haka ga tankuna, kwanon rufi da akwatunan injin da ke waje, a nemi rutil mai rigar silika, wato wanda aka lulluɓe ƙwayoyinsa da sinadarin da ake yin gilashi da shi. In dole sai anatas, a fara sa shafin silika tsakaninsa da fentin.

Wanki shi ne rabin aikin. A wanke da sabulu, a ɗauraye, a goge da alkol har maiƙo ya fita sarai. Tsatsa kuwa sai an kankare ta, shafin ba ya maganinta.

Haɗin gwaji: gram 1 zuwa 2 na hodar a mililita 100 na etanol, wani nau'in alkol, da silan kamar mililita 1. A yi ta motsawa awa ɗaya zuwa biyu, kada a bar gudaji, don su ne ke toshe bakin bindigar fenti su bar tabo fari. A fesa daga nisan santimita 20 zuwa 25, siriri sau biyu ko uku, ana barin kowanne ya sha iska. Da sassafe ake yi, ƙarfe na da sanyi. In ya ɗau zafi, etanol zai bushe kafin ya sauka, sai ka shafa hannu ka ga hodar ta biyo yatsa. Ƙananan kaya a gasa su a zafin digiri 120 na ma'aunin Celsius na awa ɗaya. Manya a bar su awa 24 ba ruwa, ba ƙura. Ranar da hazo ya sauko, a ɗage aikin.

A sa takunkumi mai tace tururin sinadari, na kyalle bai isa ba, domin feshin yana illa ga huhu. Etanol kuma yana kama wuta, kada a yi kusa da mai walda.

Masu farantan sola su yi hattara. TiO2 yana mayar da haske, shafi mai kauri zai rage wutar da farantin ke bayarwa, kuma yana iya soke garantin kamfani. A gwada a faranti ɗaya, a auna wutarsa da ta maƙwabcinsa tsawon makonni kafin a ci gaba.

Daga Nuwamba zuwa Maris ba ruwan sama, ƙurar hunturu kuma ba ta sauka da kanta, sai an watsa ruwa, amma kaɗan ya isa. Kada a sa buroshi ko busasshen tsumma, yashi zai kankare kaushin. Ruwan rijiyar burtsatse mai gishiri yana barin farin tabo in ya bushe, gara tataccen ruwa. Duk wata a ɗiga ruwa a wurin da rana ta fi bugu. In ɗigon ya baje ya tsaya, a wanke a sake feshi.